Yarda da Tilas a Gaban Kyamara: Darasi Daga Makera ga Manazarta Hausa

Gabatarwa

Akwai batutuwan da manazarta Hausa suka saba ratsawa ta gefensu, kamar yadda matafiyi kan kewaye kududdufi. Ɗaya daga cikinsu shi ne batsar da ake ɗauka a kyamara, musamman nau'inta mai tsanani, wanda ake haɗawa da ɗauri da duka da wulaƙanta ɗan Adam domin nishaɗin mai kallo. Dalilin kewayewar a bayyane yake: addini ya haramta, doka ta hana, kunya kuma ta rufe baki. Sai dai kewaye kududdufi ba ya busar da shi. Wayar hannu ta riga ta shigo da irin waɗannan hotuna cikin ɗakunan Kano da Zariya da Maraɗi, kuma tun 2007 ƙasar Hausa take fama da nata rikice-rikicen na bidiyon tsiraici.

Duk lokacin da irin haka ta faru, tambaya ɗaya ake yi, wato ko abin da aka gani ya saɓa wa tarbiyya. Amsarta kuwa ba ɓoyayya ba ce. Tambayar da ake tsallakewa ita ce ta yarda: wadda aka gani a hoton, da me ta yarda, a cikin wane hali, kuma da ta ce a'a me zai same ta? Ra'ayin wannan maƙala shi ne, haramcin aiki bai ɗauke wa manazarci nauyin binciken yarda ba, domin da ita ake bambance mai zalunci da wanda aka zalunta. Haka kuma, ma'aunin yarda na gaskiya shi ne ikon ƙi da tsadar da ke biyo bayansa. Tarihin Makera, unguwar ma'aikata da ke kudu da Kogin Kaduna, yana da abin cewa a kan wannan tsada.

Inda Sana'ar Take da Rajista

A ƙasashen da doka ta ƙyale wannan sana'a, masu ita suna kare kansu da kalma ɗaya: yarda. Suna cewa baligai ne suka sa hannu a takarda, an zauna kafin ɗauka an lissafa abin da za a yi da wanda ba za a yi ba, an kuma ajiye wata kalma ta musamman wadda da zarar ɗan wasa ya furta ta sai a dakata. Wasu kamfanoni har hira suke ɗauka da 'yar wasa kafin aiki da bayansa, tana shaida cewa da son ranta ta yi.

Shari'o'in da suka biyo baya sun nuna raunin wannan katanga. A watan Janairun 2020 wata kotu a San Diego ta Amurka ta ba mata 22 gaskiya a kan kamfanin GirlsDoPorn, ta yanke musu diyyar kusan dala miliyan 13. Dukkansu sun sa hannu a takarda. Abin da kotu ta gano shi ne an yaudare su da cewa hotunan ba za su hau intanet ba, faifai kawai za a sayar wa wasu masu saye a ƙasashen waje. Mai kamfanin, Michael Pratt, ya gudu, aka kama shi a Madrid a Disambar 2022, daga baya ya amsa laifin safarar mutane. A Disambar 2020 kuma shafin Pornhub ya sauke miliyoyin bidiyon da ba a tantance masu ɗora su ba, bayan rahoton jaridar New York Times da janyewar kamfanonin Visa da Mastercard. A Faransa, wani kwamiti na Majalisar Dattawa ya fitar da rahoto a Satumbar 2022 da ya bayyana cin zarafin mata a matsayin abin da ya zama ruwan dare a sana'ar.

Ingila ta bi wata hanya. A shari'ar Brown ta 1993, alƙalan Majalisar Iyayen Ƙasa, uku a kan biyu, sun yanke cewa yardar mutum ba ta wanke wanda ya ji masa rauni domin biyan sha'awa, ko da a ɓoye aka yi kuma babu wanda ya kai ƙara. A 2008 aka yi dokar da ta mayar da mallakar hotunan batsa masu tsanani laifi. Masana sun rabu biyu tun da daɗewa. Ɓangaren Catharine MacKinnon da Andrea Dworkin yana ganin sana'ar ginin danniya ce tun daga tushe, don haka yardar da ake faɗa a cikinta suna ce kawai. Ɗaya ɓangaren yana ganin wanda ya ce baliga ba za ta iya yarda ba ya ƙwace mata baki, kamar yadda mai tilasta mata ya ƙwace. Kowane ɓangare ya riƙe wani yanki na gaskiya, kuma ba lallai Bahaushe ya ari ma'aunin ɗayansu ba, domin yana da nasa.

Abin da Filin Dambe Ya Sani

Al'adar Hausa ba baƙuwa ba ce ga wasan da mutum ke miƙa jikinsa ga ciwo a gaban 'yan kallo. Akwai dambe da kokawa da shanci da wasan tauri, ga kuma sharo a wurin maƙwabta Fulani. Duk wanda ya lura da dambe zai ga cewa yardar ɗan wasa tana tsaye ne a kan ginshiƙai da yawa. Ana yin sa a fili, a gaban shaidu. Ana haɗa mutum da tsaransa. Wanda aka yi wa tayin karo yana iya ƙin karɓa. Akwai mai rabawa. Akwai kuma iyaka da kowa ya sani: da zarar hannu ko gwiwa ta taɓa ƙasa an yi kisa, dukan da ya biyo baya kuwa ya fita daga wasa ya koma ta'adi. Yardar ɗan dambe ke nan: tana da farko, tana da ƙarshe, tana da masu tsaronta.

Duk da haka filin bai rasa nasa matsin ba. Zugar makaɗi tana iya tura matashi ga karon da hankalinsa bai kwanta da shi ba, kuma duk wanda ya san matsayin Ɗan Anace a tarihin Shago ya san nauyin da kalangu ke da shi a zuciyar ɗan dambe. Kunyar ja da baya a gaban jama'a ita ma wani nau'in tilas ce. Wannan ya nuna Bahaushe ya daɗe da sanin cewa tsakanin so da dole akwai fili mai faɗi.

Idan aka ɗora hoton batsa mai tsanani a kan wannan ma'auni, sai a ga ginshiƙan sun zube ɗaya bayan ɗaya. A rufe ake ɗaukarsa. Babu daidaito tsakanin mai biya da wadda ake biya. Mai rabawa, in akwai shi, ma'aikacin mai kamfani ne. Kalmar dakatarwa tana da amfani ne kawai idan furta ta ba zai jawo asarar ladan yini da rufewar ƙofar aiki na gaba ba. Hirar shaidar yarda kuwa, idan aka ɗauke ta kafin kuɗi su shiga hannu, shaidar mai jiran biya ce. Babban bambanci shi ne dambe yana tashi da faɗuwar rana, shi kuwa hoto ba ya tashi. Wadda ta yarda tana da shekara ashirin ana ci gaba da kallonta tana da arba'in, bayan ta yi aure, ta haifi 'ya'ya, ta kuma sauya ra'ayi.

Abin da Fiƙihu da Doka Suka Ce

Mai ganin cewa zancen yarda baƙon tunani ne daga Turai bai yi wa littattafan zaure adalci ba. Aya ta 33 a Suratun Nur ta hana tilasta wa kuyangi yin karuwanci domin neman abin duniya, ta kuma buɗe ƙofar gafara ga wadda aka tilasta. Aikin haramun ne, amma ayar ta raba mai tilastawa da wadda aka tilasta wa. A mazhabar Malikiyya, wadda ita ce ta ƙasar Hausa, sakin wanda aka tilasta ba ya aukuwa, kuma tarihi ya adana cewa Imamu Malik ya sha bulala a Madina saboda fatawarsa a kan rantsuwar tilas. Malaman mazhabar sun yi dogon bayani a kan cinikin wanda aka matsa wa lamba har ya sayar da kayansa, sun kuma ɗauke haddi daga macen da aka fi ƙarfi. A ɗaya gefen, fiƙihu bai ɗauki jiki a matsayin kadarar da mai shi zai ba da izinin a lalata ba, wanda a nan ya yi kusa da hukuncin alƙalan Ingila.

Dokar ƙasa ma haka. Kundin Finalkod na Arewa, wanda ya fara aiki a 1960, bai ɗauki yardar da aka bayar cikin tsoron cutarwa, ko bisa rashin fahimtar haƙiƙanin abu, ko cikin maye, a matsayin yarda ba. Dokar hana cin zarafin mutane ta tarayya ta 2015, wadda Jihar Kaduna ta yi tata a 2018, ta lissafa yardar da aka samu ta barazana ko yaudara cikin abin da ba ya wanke mai laifi. Ashe ma'aunin yana nan a rubuce. Abin da ya yi ƙaranci shi ne amfani da shi idan aka zo kan macen da jama'a suka riga suka yanke wa hukunci.

Makera da Tsadar Cewa A'a

Makera ita ce hedikwatar Ƙaramar Hukumar Kaduna ta Kudu, kuma ita da maƙwabciyarta Kakuri sun girma ne a gindin masaƙu. An buɗe Kaduna Textiles a 1957 da haɗin gwiwar Gwamnatin Jihar Arewa da kamfanin David Whitehead na Ingila. United Nigerian Textiles da Arewa Textiles suka biyo baya a shekarun 1960. Dubban mutane daga kowace kusurwa ta Nijeriya suka zo suka kama hayar ɗaki, suka yi aure, suka sa 'ya'ya a makaranta da albashin masaƙa. A 1978 aka kafa ƙungiyar ma'aikatan masaƙu ta ƙasa mai hedikwata a Kaduna, inda Adams Oshiomhole, tsohon ma'aikacin Arewa Textiles, ya zama babban sakatare a 1982. Gunilla Andrae da Björn Beckman sun rubuta littafi sukutum a kan ƙarfin wannan ƙungiya.

Ma'aikacin masaƙa shi ma jikinsa yake haya. Yana tsayuwa sa'o'i a cikin ƙarar injin da ƙurar auduga, kuma da yardarsa yake yi. Abin da ya ba yardar tasa daraja shi ne yana da ƙungiya a bayansa, da yarjejeniyar da aka yi ciniki a kanta, da ikon ajiye aiki tare da 'yan uwansa idan aka wuce gona da iri. Eh ɗinsa tana da nauyi saboda a'a ɗinsa tana da gata.

Kaduna Textiles ta rufe a 2002, United Nigerian Textiles ta dakatar da aiki a 2007, ma'aikata da yawa suka shafe shekaru suna bin haƙƙoƙinsu na sallama. Abin da aka rasa ya wuce albashi. An rasa wurin da talaka ya koyi cewa ƙin yarda haƙƙi ne mai kariya. 'Ya'yan da aka haifa bayan rufewar sun tashi a kasuwar ƙwadagon da ba ta san takarda ko ƙungiya ba, wadda a cikinta mai neman aiki a shago ko otal ko gaban kyamara yake fuskantar mai kuɗi shi kaɗai. Wannan ba zargi ba ne ga mutanen Makera, waɗanda suke neman halalinsu kamar kowa. Misali ne na yadda talauci ke rage wa kalmar a'a ƙarfi a ko'ina. Hausawa sun ce dole ƙanwar na ƙi, kuma wanda kuɗin haya ya tsaya wa a wuya ya fi kowa sanin ma'anar wannan magana.

Ba da nisa da Makera ba, a Sabon Tasha, hukumar tsara birane ta Jihar Kaduna ta rushe wani gidan abinci da shaƙatawa a ƙarshen Disambar 2020, bayan wata sanarwar taron baɗala ta yaɗu a kafafen sada zumunta, ko da yake masu wurin sun musanta cewa suna da hannu a ciki. Ko ma wace ce gaskiyar, lamarin ya nuna hanyar da hukuma ta fi sabawa da ita: a kawar da abin da ido ya gani cikin gaggawa. Katafila tana iya rushe gini a yini guda, amma ba ta tambayar wa ya shirya, wa aka yaudara, wa zai ci riba.

Rikicin Hiyana da Abin da Ya Biyo Baya

A ƙasar Hausa babu kamfanin batsa mai rajista, don haka matsalar takan zo ne ta wayar hannu. A watan Agustan 2007 wani ɗan gajeren bidiyo na sirri na wata 'yar fim ya yaɗu daga waya zuwa waya, abin da aka fi sani da rikicin Hiyana, da sunan fim ɗin da ya fito da ita. Ba fim ba ne, ba a kuma ɗauke shi don kasuwa ba. Sakamakonsa ya faɗa kan masana'anta baki ɗaya: aka naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, aka dakatar da ɗaukar fim na wata shida, aka ɗaure wasu 'yan fim, wasu da dama suka kwashe kayan aikinsu zuwa Kaduna. Abdalla Uba Adamu da Carmen McCain sun yi nazarin wannan zamani. A cikin hayaniyar jama'a kuwa, dubban da suka tura hoton ga abokansu ba su ga kansu cikin masu laifi ba.

A nan ne ya kamata a rarrabe yarda hawa-hawa. Yarda da aiki daban, yarda a ɗauke shi a hoto daban, yarda a ajiye hoton daban, yarda a yaɗa shi kuma daban. Mutum yana iya zama mai laifi a hawa na farko, ya zama wanda aka zalunta a hawa na huɗu. Mai yaɗawa ya tona asirin da addini ya yi umarni a rufe, kuma laifinsa ba ya raguwa don wadda ya tona wa ta yi nata. Karin maganar da ake jefa wa irin waɗannan mata, cewa kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa, tana haɗe hawa huɗun ne wuri guda don a sauke nauyin duka a kan mutum ɗaya. 'Yar uwarta kuma, wadda ke cewa kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, ita ce hujjar duk mai kamfanin da ke hana 'yar wasa janyewa bayan ta karɓi kafin alƙalami.

A 2016 ƙungiyar MOPPAN ta kori Rahama Sadau, haifaffiyar Kaduna, saboda fitowarta a bidiyon waƙar ClassiQ. Wannan ba batsa ba ce, kuma da saninta da zaɓinta ta fito. Abin lura shi ne, a lamari na farko rashin yardar mace bai zama hujjar sassauta mata ba, a na biyu kuma zaɓinta ya zama hujjar hukunta ta ita kaɗai. Tsarin da ke tuna cewa mace tana da zaɓi a ranar hukunci kawai, ya manta da shi a ranar kariya, yana buƙatar gyara.

Amsa ga Mai Suka

Mai suka zai ce buɗe wannan babi share fage ne ga halatta alfasha. Tsoron yana da tushe, domin a wasu ƙasashe kalmar yarda ta zama mabuɗin kowace ƙofa. Amma alƙalin da ya binciki tilas kafin ya yanke hukunci bai halatta laifi ba, adalci ya yi. Shirun da ake yi kuwa mai yaudara yake amfana, domin ya san wadda ya cuta ba za ta je wurin 'yan sanda ko Hisba ba, tana tsoron a fara da ita.

Wani kuma zai ce ai duk macen da ta shiga irin wannan hali tilas ce ta kai ta, don haka zancen zaɓi bai taso ba. Wannan ma bai dace da abin da bincike ya nuna ba. Aikin Abner Cohen a Sabo ta Ibadan da na Renée Pittin a Katsina sun nuna matan da suke lissafin rayuwarsu, suke fita aure su koma, suke da magajiyar da ke sasanta rigimarsu da tsaya musu a gaban hukuma. Harshen kansa ya ajiye musu suna biyu, karuwai da mata masu zaman kansu, na farko hukunci, na biyu shaidar cin gashin kai. Wanda ya ce ba su da zaɓi ko kaɗan ya mayar da su kaya, ya kuma rufe kunnensa daga bayanin da su kaɗai za su iya bayarwa.

Kammalawa

Aikin da ke gaban manazarta Hausa iri uku ne. Na farko na harshe ne: yarda da amincewa da izini da haƙuri da sallamawa ba ma'anarsu ɗaya ba, kuma fayyace iyakokinsu zai taimaki alƙali da ɗan jarida da mai fassara doka. Macen da ta haƙura ba lallai ta yarda ba. Na biyu na fage ne: a binciki yadda ake ƙulla yarjejeniya tsakanin furodusa da sabuwar 'yar wasa a Kano da Kaduna, da tsakanin masu shafukan TikTok da 'yan matan da suke sakawa, a kuma ɗauki tarihin baka na tsofaffin ma'aikatan Makera da Kakuri tun suna raye, domin a wurinsu akwai ilimin yadda marar ƙarfi ke gina wa kansa kariya. Na uku na ɗa'a ne: manazarcin da ya adana hoton da aka yaɗa ba da izini ba, ko ya maimaita sunan mai shi ba tare da larura ba, ya shiga sahun masu yaɗawa ko da da sunan ilimi ya yi.

Ƙungiyoyin 'yan fim da hukumomin tacewa su ma suna da rabonsu. Dokokinsu sun yi bayani filla-filla a kan sutura da rawa. Ya dace su yi irin wannan bayani a kan rubutacciyar yarjejeniya, da haƙƙin 'yar wasa na ƙin fitowa a abin da ba a faɗa mata tun farko ba, da hukuncin wanda ya yaɗa sirrin abokiyar aikinsa. Matuƙar cewa a'a yana nufin yunwa ko tonon silili, sa hannu a takarda ba zai isa shaida ba, a San Diego ne ko a Kudancin Kaduna.